Gayya Ba Giya

Daminar da ta biyo bayan ƙaddamar da Shari'a a Kano, ciyawa ta yi wa gonar Gwamma kamun da ko maƙiyinta ya gani sai ya kau da kai. Gonar tana yamma da Gidan Kaɗau, wani ƙauyen Maguzawa da ke tsakanin Dugabau da hanyar Gwarzo, kuma ita kaɗai ce abin da mijinta Ranau ya mutu bai kai ga shanyewa ba. Dawa ta fito gwanin sha'awa, sai zazzaɓi ya kwantar da Gwamma sati biyu cur, daidai lokacin noman farko. Ran da ta samu ta lallaɓa ta leƙa, sai da ta sunkuya kafin ta iya raba dawa da harƙiya. Ba sai an faɗa mata ba, in aka ƙara kwana goma fartanya ba ta shiga gonar nan ba, bana rumbunta sai dai ɓeraye su yi tsere a ciki. Ga baki biyar na jiran wannan dawa, ita da surukarta mai goyo da jikoki uku, tunda ɗanta ya tafi Kaduna acaɓa ya bar mata su.

'Yan ƙwadago kuwa ba a ma maganarsu. Shekarun nan ne ake ta cewa a tsuke bakin aljihu, talaka na laluben nasa aljihun yana neman inda bakin yake. Taki sai dai a hango shi a motar wani, kananzir ya koma abin aunawa da murfin kwalba. Abin da ya rage wa mace irin Gwamma shi ne gayya, a kira maza su taru su nome gonar a yini guda. To, a Gidan Kaɗau tun kaka da kakanni ba a san gayya ba giya ba. Ladan mai gayya tuwo ne da burukutu, kuma in za a faɗi gaskiya tuwon rakiya kawai yake yi.

Abin haushin, daga Kara har Gude ba a yi macen da ta kai Gwamma iya burukutu ba. Shekara ashirin da 'yan kai tana dafawa. Mutane kan ce Ranau ya yi sa'ar mata, tunda shi ba ya saye, kuma ko a kan murhu ba ta yin gaba sai ta kira shi ya ɗanɗana ya ce ya yi. Da tata ta daina isar sa ya shiga bin ta wasu gidaje. Shanunsa biyu suka bi ta maƙogwaronsa, gonar fadama ta bi su, daga ƙarshe cikinsa ya kumbura, idanunsa suka koma ruwan ɗorawa, ya mutu yana kiran ƙishirwa. Ba wanda ya ɗora wa Gwamma laifi. Ita ce ta ɗora wa kanta, kuma ta san ba sharri ta yi wa kanta ba.

Bayan rasuwarsa ta fara zuwa 'yar majami'ar ginin ƙasa da ke bakin gari, inda Malam Ishaya mai bishara yake wa'azi ga mata tara da tsofaffi biyu. A can ta ji cewa Yesu Almasihu yana gafarta wa mai irin nauyinta, ta ba da gaskiya, ta samu barci. Ranar da aka yi mata baftisma a rafi, ba wanda ya tambaye ta, ita da kanta ta ɗaga hannu ruwa na zuba ta ce, hannun nan ba zai ƙara tayar da giya ba har ta koma ga Ubangiji. Aka sa mata suna Rahila, sunan da ba mai kiran ta da shi sai Malam Ishaya. Ta kife manyan tukwanenta huɗu a bayan ɗaki, kaji suka samu wurin fakewa in ana ruwa. Shekara huɗu ke nan.

Wata safiyar Litinin ƙanen mijinta Nomau, sarkin noman garin, ya shigo mata da baƙo. Baƙon Datti ne, wani mai tumbi da a da yake da wurin shan giya a Gwarzo. Tun da aka rufe wurin ya koma zagaya ƙauyukan Maguzawa a babur, jarkoki a ɓoye ƙarƙashin buhun gawayi.

"Sannunku da gida. Matar Yaya, ya jiki?" in ji Nomau.

"Da sauƙi."

"Ya yaran? Ya ruwa?"

"Ruwa ya yi gyara. Ku zauna mana."

Sai da aka gama gaisuwa kaf, aka tambayi lafiyar awaki, sannan Nomau ya gyara zama. "Jiya na zagaya gonar Yaya, abin ya tsaya min a rai. In na sa a buga ganga, mutum talatin za su fito miki. Amma kin san abin da ke fito da su."

"Na sani," in ji Gwamma. "Kai ma ka san na bari."

Datti ya yi 'yar dariya irin ta mutumin da ya saba ciniki. "Inna, bari in gaya miki yadda gari yake. Tun da aka rufe mana wurare, masu sha ba su ragu ko ɗaya ba, ƙishirwa ce ta ƙaru. Ke kuma Shari'ar nan ba ta hau kanki ba. Ba mai yi miki bulala, ba mai kai ki gaban alƙali. Ki dafa tukunya huɗu, biyu na gayya, biyu ki cika min jarkoki, ni kuma in sauke miki buhun taki har ƙofar gida. In kin so mu riƙa yi duk sati, kafin kaka kin yi rufin kwano."

"Kin ji dai," in ji Nomau. "Malamai sun rufe wa nasu ƙofa, taki ƙofar ga ta nan a wangale. Sau ɗaya ne fa. Ko shi Yesun naki ne zai zo ya riƙe miki fartanya?"

Gwamma ta ce bari ta yi tunani. Duk wanda ya san mutane ya san mai cewa bari in yi tunani ya riga ya sa ƙafa ɗaya. Nomau ma ya sani, don tun a hanya ya fara shela cewa Laraba ta sama akwai gayya a gonar Ranau, kuma tukwanen Gwamma sun dawo.

Da rana ta yi, Gwamma ta shiga rumbu ta kwaso sauran jar dawar da ke gindinsa, ta jiƙa. Ta ce wa kanta jiƙo ai ba giya ba ne. Bayan kwana biyu ta tsame, ta shimfiɗa a kan buhuna ta lulluɓe da ganye tana yayyafa ruwa, dawa ta fara tsira, ta ce tsiro ma ai ba giya ba ne. Ta shanya a tsakanin ruwa da ruwa, ta aika surukarta injin niƙa a Dugabau, ta ce gari dai gari ne. Abin da ya fi ba ta tsoro shi ne yadda hannunta bai manta komai ba. Ta ɗauka za ta yi ta lalube, sai ta ga yatsunta suna aikin da kansu, har da wani daɗi da take ji a ƙasan zuciya, tana kuma jin kunyar daɗin.

Ranar Lahadi ta je sujada ta zauna a bencin baya, hannuwanta a cikin mayafi, don ƙamshin tsiro ba ya jin sabulu. Tsohuwa Tabita, shugabar zumuntar mata, ta shaƙa sau ɗaya ta yi mata wani kallo wanda ya fi zagi ciwo. Malam Ishaya kuwa, ko an gaya masa ko ba a gaya masa ba, a kan hanyoyin nan biyu da Almasihu ya koyar ya yi wa'azi. Ya ce hanyar hallaka kamar titin Gwarzo take, shimfiɗaɗɗiya, kowa na bi, har mai babur zai tsaya ya ce hau in rage miki hanya. Ta ceto kuwa irin 'yar siririyar hanyar nan ce ta cikin gona da damina, raɓa ta jiƙa ka, ganyen dawa ya yanke ka, ba ka ganin gabanka sai taku ɗaya, kuma ba a bin ta da kaya niƙi-niƙi. Gwamma ta ji kamar kowa ya juyo yana kallon ta, alhali ƙeyoyinsu kawai take gani.

Da aka tashi ta tsaya ta jira shi a gindin darbejiya, a shirye take ya yi mata faɗa ta samu abin mayarwa.

"Malam, na jiƙa dawa," in ji ta.

"Na ji, Rahila."

"In ban yi ba gonar ta tafi. Yara uku ne a gidan nan. Ka gaya min yadda zan yi."

Malam Ishaya ya dube ta. Shi ma rigarsa ta sha ɗinki a wuya, kuma kowa ya san da gero yake karɓar hakkinsa, in an samu. "Ba zan yi miki ƙarya in ce in kin ƙi, gonar za ta tsira ba," in ji shi. "Ban sani ba. Ba ni da mutum talatin da zan ba ki. Alkawarin kuma ba da ni kika yi ba, balle in ce na yafe. Abin da na sani, ran Laraba ni da fartanyata za mu zo, in dai ba giya a wurin."

Ta koma gida da haushinsa. Fartanya ɗaya! Mutumin da in ya nome kunya biyu sai ya dafa ƙugu.

Litinin ta tayar da tukwane, ta kori kaji, ta wanke, ta dama garin tsiro ta ɗora a wuta. Hayaƙi ya miƙe sama, duk wanda ya gani ya san ba na tuwo ba ne. Talata ta tace ta sake dafawa, kafin la'asar tukwane huɗu sun cika da ruwa ja mai zaƙi, suna hucewa a inuwa. A nan fa aikin yake tsayawa ga mai tsayawa. Ruwan nan ko jariri ya sha ba abin da zai same shi. Abin da ke mai da shi giya ɗan kaɗan ne, a zuba masa uwar giya, wato ragowar tsohuwar burukutu, a bar shi ya kwana. Nomau da kansa ya kawo mata ita a 'yar gora, ya ajiye ya tafi yana fito.

Rana ta sunkuya, Gwamma ta ɗauki gorar ta tsaya a kan tukunyar farko. Ta sa ludayi ta ɗebo ruwan ta duba kaurinsa, ta ga ya yi yadda ake so. Ba ta san lokacin da ta juya wajen ƙofar turaka ba, ta ɗaga murya kamar yadda ta yi shekara ashirin.

"Maigida, zo ka taɓa ka ji!"

Ba wanda ya amsa. Turakar ma rufinta ya faɗa tun bara, kabewa ce ta haye bangon. Surukarta ta leƙo daga madafa ta ce, "Inna, da wa kike?" Gwamma ta tsaya da ludayi a hannu. Sai yanzu ta ga abin sosai. Kowace jarkar Datti akwai maigidan wata a ƙarshenta, kuma wannan kiran da bakinta ya yi, shi za ta riƙa yi musu duk sati har su bi Ranau. Kuka ya zo mata, irin wanda ba ta yi ba ko ranar jana'iza.

Ta ajiye ludayin, ta fita bayan gida da gorar, ta tuttule ta a makwarara har ɗigon ƙarshe, ta taka gorar ta fashe. A nan tsaye ta yi addu'a, gajeriya, don ba ta iya doguwa ba. "Ya Yesu, na kusa. Ka riƙe ni. Gonar taka ce, in ka ga dama ka bar wa ciyawa." Da ta buɗe ido ta ji wani sauƙi ya sauko mata tun daga wuya har ƙafa. Gonar na nan yadda take, rumbu ya ma fi da zama fanko, amma ta shiga gida tana 'yar waƙar sujada, har surukar ta fara tunanin ko zazzaɓin ne ya taɓa mata kai.

Ba ta bari gari ya waye a kan ƙarya ba. Kafin magariba ta sami Nomau a dandali cikin maza ta ce, "Gobe akwai gayya, akwai tuwo, akwai abin sha mai zaƙi. Amma gayya ce ba giya."

Aka fashe da dariya, an ɗauka wasan matar wa da ƙanen miji ne. Da Nomau ya ga fuskarta sai dariyarsa ta tsaya. "Gayya ba giya? Kin sa na tara mutane, na sa Datti ya yi wa mutanensa alkawari! Kwarankwatsa, ko kare ba zai taka gonar nan gobe ba."

"To, Allah ya kai mu goben," in ji ta.

Da sassafe ta sake tafasa ruwan don kada ya yi tsami, ta zuba citta da kanumfari da ɗan gasarar gero, ya zama wani irin kunun zaƙi da ƙamshinsa ya cika unguwa. Aka kai tukwane bakin gona. Gayya ta hallara: Malam Ishaya da fartanyarsa, tsofaffin majami'a biyu waɗanda in aka haɗa haƙoransu ba za su cika baki ɗaya ba, da matan zumunta bakwai, Tabita a gaba da tulun kiɗanta. Mazan gari kuwa suna can gindin tsamiya sun miƙe ƙafafu, sun zo kallon yadda za a ƙare. Aka yi addu'a aka sunkuya. Hantsi ya yi ba su ci ko kashi ɗaya cikin goma ba, kuma kowa ya san lissafin bai fita. Duk da haka Gwamma ce ke ba da waƙa, muryarta har gindin tsamiya.

Ana cikin haka sai ga ayarin mutane daga wajen Dugabau, sun fi ashirin, magidanta da samari, a gabansu Malam Ɗalha mai makarantar Islamiyya ta tsallaken rafi. Labarin tsiron da aka kai inji ya riga ya zaga, hayaƙin kwana biyu kuma ya tabbatar. Malam Ɗalha ba mai neman fitina ba ne, amma a watan nan kaɗai an tsinto masa ɗalibansa biyu, masu aure da 'ya'ya, a buge a bakin hanya. Ya zo ne ya roƙi maƙwabta, in roƙo bai yi ba su tsare hanya su jira jarkokin Datti. Mazan gindin tsamiya suka miƙe tsaye. Matan zumunta suka daina waƙa.

Gwamma ta goge hannu a zane ta tare su, ta ɗan rusuna. "Sannunku da zuwa, Malam. Kun zo lafiya? Ya iyali? Ya ɗalibai?"

"Lafiya lau, Gwamma. Ya jiki? An ce kin yi zazzaɓi. Ya aiki?"

"Aiki da godiya."

Malam ya yi gyaran murya. "Mu maƙwabta ne tun iyaye. Ba mu zo shiga addininku ko al'adarku ba. Amma abin da ke cikin tukwanen can, in ya tsaya a nan ba ruwanmu, sai dai mun san Gwarzo za shi, kuma 'ya'yanmu ne za su sha. Shi ya kawo mu."

"Malam, ba giya ba ce. A ɗanɗana a ji."

Nan fa ake yin ta. Malam ya juya ya kalli mutanensa, mutanensa suka kalli sama. In giya ce, wanda ya kurɓa ya sha haram a gaban malaminsa. In kuma mutum ya kurɓa ya ce ba giya ba ce, sai a tambaye shi a ina ya san ɗanɗanon giyar. Maza ashirin da suka taho da ƙarfinsu suka tsaya cirko-cirko a gaban tukunya, kowa na tura na kusa da shi da gwiwar hannu. Tabita ta rufe baki da mayafi, kafaɗunta na rawa.

Daga baya wani tela mai suna Musbahu ya matso yana sosa ƙeya. "Allah gafarta Malam, ni dai kowa ya san tarihina kafin in tuba, ba abin da zan ɓoye. A ba ni."

Gwamma ta cika ƙwarya ta miƙa masa. Ya shinshina, ya kurɓa, ya juya a baki, ya sake kurɓa. Sai ya kafa kai bai ɗago ba sai da ya ga gindin ƙwaryar.

"Kai Musbahu, ɗanɗanawa aka ce!" in ji Malam.

"Malam, wannan ko da azumi a yi buɗa-baki da shi. Wallahi kunu ne. Inna, a ƙara."

Dariya ta ɓarke ta kowane ɓangare, har da na gindin tsamiya. Malam Ɗalha bai yi dariya ba. Ya tambayi Gwamma, to tsiron fa, da hayaƙin? Ba ta rage komai ba. Ta gaya masa giya ta nufa, ta kai har bakin tukunya, ta tuna alkawarin da ta yi wa Ubangijinta Yesu, ta zubar da uwar giyar. Ta ce ta san Shari'arsu ba ta hau kanta ba, amma nata alkawarin ya hau.

"Kin san in babu giya mutanenku ba za su zo ba?"

"An gaya min tun jiya."

"Ina gayyar take?"

Ta nuna masa tsofaffi biyu da mata bakwai da Malam Ishaya, wanda ya riga ya dafa ƙugu. Malam Ɗalha ya dubi faɗin gonar, ya dubi 'yan gayyar, kunya ta kama shi har ta fito a fuskarsa. "Mun zo miki da zato, ki yafe mana," in ji shi. Ya juya ga mutanensa. "Shekara talatin muna jin gangar gayyar mutanen nan, ba mu taɓa zuwa ba. Abin da ke hana mu shi ne abin da ke cikin tukunya, yau kuma babu shi. Wa ke da uzuri?"

Ba wanda ya samu uzuri da sauri haka. Masu kekuna suka juya Dugabau ɗebo fartanyoyi, Malam Ɗalha ya tuɓe babbar riga ya rataye a reshe, ya naɗe ƙafar wando, ya karɓi fartanyar ɗaya daga cikin tsofaffin ya ce, "Baba, huta." Kafin rana ta take, layi ya miƙe daga wannan gefe zuwa wancan, ciyawa na kwanciya, Tabita na dukan tulu, ƙura da ƙamshin jiƙaƙƙiyar ƙasa na tashi. Gwamma da surukarta suna bin layi da ƙwarya, ba ta san tana hawaye ba sai da gishirin ya shiga bakinta.

Wajen sha ɗaya Datti ya ɓullo a babur ɗinsa da jarkoki shida. Ya zo daf da gona kafin ya gane su wane ne a sunkuye. Juyin da ya yi ko a filin sukuwar babura sai an tafa masa, jarka biyu suka faɗo, bai waiwaye su ba. Musbahu ya ɗaga fartanya ya bi shi da kira, "Alhaji, ka dawo ka sha kunu!"

Mazan gindin tsamiya fa zama ya gagare su. Kallon mata da tsofaffi suna wahala abin dariya ne a wurinsu, amma a ce baƙi daga tsallaken rafi ne ke nome gonar ɗan'uwansu suna zaune, wannan abin gori ne har jikoki. Ɗaya ya tashi kamar zai je fitsari, ya dawo da fartanya. Wani ya bi shi. Mai ganga ya ga an bar shi da 'yan kallo uku, ya rataya gangarsa ya shigo, kiɗa ya haɗu da na tulu. Da azahar ta yi Malam Ɗalha da mutanensa suka koma gefe suka yi alwala suka ta da salla, mutanen Gidan Kaɗau suka riƙe layin. Da suka idar suka karɓa, waɗancan suka zauna cin tuwo. Fartanya ba ta tsaya ba har la'asar, lokacin da aka fita ta ƙarshen gonar da ihu.

Gwamma ta shiga tsakiyar gonarta ta tsaya. Dawa ta fito fili layi-layi tana kaɗawa, kamar yaran da aka yi wa aski. Ta ɗaga hannu biyu sama ta ce, "Na gode, Ubangiji!" da ƙarfin da ya sa tsuntsaye tashi. Malam Ishaya ya ce amin, matan zumunta suka rangaɗa guɗa. Aka yi sallama da mutanen Dugabau, ana ta a gai da gida, Malam Ɗalha na cewa in lokacin maimai, wato noma na biyu, ya yi a aiko musu, in dai irin wannan gayyar ce.

Sai da kowa ya watse tana haɗa ƙore ta lura da mutum ɗaya zaune a kan kunya a can ƙarshen gona. Nomau ne. Ba ta ga lokacin da ya shigo ba, amma ga fartanya a gefensa, ga ƙasa har gwiwa. Ta ƙarasa da niyyar ta ɗan tsokane shi, sai ta ga ba fuskar wasa.

"Matar Yaya," in ji shi, bai ɗago ba. "Tun ina ɗan shekara goma sha biyar rana ba ta taɓa kaiwa nan ban sha ba, sai yau. Dubi."

Ya miƙo hannuwansa. Rawa suke yi kamar na mai jin sanyi, ya matse su a cinya suka ƙi tsayawa. Tsoro ne ƙarara a idonsa.

Gwamma ba ta yi masa wa'azi ba. Ta koma ta karkata tukunyar ƙarshe ta cika ƙwarya, ta dawo ta miƙa masa. Ya karɓa, kunun ya fara zuba a ƙafarsa, sai ta durƙusa ta tallafe gindin ƙwaryar da hannunta har ya shanye.

"Gobe in abin ya taso maka, kada ka je ko'ina," in ji ta. "Ka zo gida, zan dama wani."

"In na zo jibi ma fa?"

"Jibi ma."

Washegari tun rana ba ta yi zafi ba tana shara ta ji sallamarsa a ƙofar gida. Ta jingine tsintsiya ta je ta hura wuta.